MASALLACIN DA ZA MU GINA: MU DUBI GAWO KAFIN MU HAƘA HARSASHI

(Wannan shi ne jawabin da wani ɗan ƙungiyarmu, tsohon malamin makaranta, ya yi a taron shekara da aka yi a ƙofar gidan Maigari bayan sallar La'asar. Kwamiti ya ga ya kamata a buga shi duka saboda ƴan'uwa da ke ci-rani waɗanda ba su sami halarta ba. Wanda ya karanta ya miƙa wa na kusa da shi, wanda ya iya karatu kuma ya karanta wa wanda bai iya ba.)

Bismillahir Rahmanir Rahim. Tsira da amincin Allah su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Ranka ya daɗe Maigari, Allah gafarta Malam Liman, iyayenmu dattawa, iyayenmu mata da ke saurare daga bayan danga, da ƴan'uwa da suka taso daga Kano da Legas da Agadas da Yamai, da waɗanda suka aiko da saƙo daga Libiya da Aljeriya, assalamu alaikum wa rahmatullahi.

Na san ba ni ne babba a wurin nan ba, kuma abin da babba ya hango yana zaune, yaro ko ya hau rimi ba zai hango shi ba. Kwamiti ne ya ce in yi magana, don an san na yi shekaru ina koyar da lissafi a lakwal, kuma an san mahaifina magini ne, tun ina ƙarami nake miƙa masa tubali. In na yi daidai daga Allah ne, in na yi kuskure a gyara mini.

ABIN DA YA TARA MU

Kowa ya san masallacinmu na Juma'a ya yi mana kaɗan. Ran Juma'a mutanen ƙauyukan da ke kewaye, na wajen Magarya da na wajen Dungas, suna zuwa, rabin jama'a a rana suke sallah, dattijo ya shimfiɗa buzunsa a kan yashi mai zafi. An buɗe asusu, ƴan ci-rani sun zuba abin da Allah ya hore musu, manoma sun ba da damman gero. Amma kun ji bayanin ma'aji ɗazu. Yawancin kuɗinmu daga Nijeriya yake fitowa, kuma tun da naira ta faɗi a shekarar 1923 ta lissafin wasu masu barkwanci, watau 2023 ta lissafin gaskiya, abin da ɗanmu ya aiko daga Legas in an canza shi zuwa sefa sai ya koma kamar an jiƙa gishiri. Hoton masallacin da aka yanko daga kalanda aka kawo mana, mai hasumiya biyu da rufin kwano, abin da ke cikin asusu ba zai kai shi ko bakin taga ba.

Sa'an nan mun kasu biyu. Wasu sun ce siminti da bulo da kwano, kome daɗewa. Wasu sun ce ƙasa, irin ta iyaye da kakanni. Masu son siminti suna da hujja mai nauyi, don sun ji abin da ya faru a Zariya a 2023 da abin da ya faru a Birnin Damagaram a 2024. Zan zo kan wannan, ba zan tsallake shi ba. Amma kafin mu yi gardama a kan abin da za a yi ginin da shi, ina so mu fara duba zubin ginin kansa.

RESHEN GAWO

Ga wani abu a hannuna. Reshen gawo ne na tsinto a gonar yayana da safen nan. Busasshe ne, ranka ya daɗe, a ƙasa na same shi, kada a ci ni tara. Mun san labarin da ake bayarwa cewa Sarkin Damagaram Tanimu ya kafa doka mai tsanani a kan saran gawo, kuma mun san yadda tun bayan yunwar 1984 manoman Magarya da Matamaye da Mirya suka koma barin ƴaƴan gawo a gonaki, abin da ake kira sassaben zamani, har baƙi suna zuwa daga nesa su gani.

To, ku dube shi. In na kafa shi a ƙasa haka, yaro ya hango shi daga nesa, me zai ce? Zai ce ga ƙaramin gawo. Yana da gindi, gindin ya rabu biyu, kowane ɓangare ya sake rabuwa. In na karye wannan ɗan reshen na kafa shi, shi ma ƙaramin gawo ne. In na sake karye na jikinsa, haka. Watau umurni ɗaya ne Allah ya ba itacen nan: ka yi tsawo kaɗan, ka rabu, kowane rabi ya maimaita abin da uwarsa ta yi, amma a ƙanƙance.

Mu yi lissafi. Gindi 1 ya rabu ya zama 2, 2 suka zama 4, 4 suka zama 8, 8 suka zama 16. In aka yi wannan rabuwa sau 10 kawai, kawunan rassa sun kai 1,024. Gindi ɗaya ke ɗauke da su duka, kuma babu reshen da aka ɗora wa abin da ya fi ƙarfinsa, don babba ke ɗauke da matsakaici, matsakaici ke ɗauke da ƙarami, ƙarami ke ɗauke da ganye.

Ba gawo kaɗai ba ne. Sarkin Fawa yana nan, ya san in aka bi maƙogwaron rago zuwa cikin huhu, sai a ga ya rabu biyu, kowane ya rabu biyu, har ido ya kasa bi. Likitoci sun ce a jikin ɗan Adam hanyar iskar nan tana rabuwa wajen sau 23. Ku dubi gona bayan an ɗauke ruwan sama: ƴan ƙananan hanyoyin ruwa suna haɗuwa su zama zaizaya, zaizaya ta faɗa kwari, kwari ya faɗa korama. Ku dubi laka in tabki ya ƙafe, manyan tsaga da ƙanana a tsakaninsu. Ku dubi zuriyar Maigari ma, kaka ɗaya, ga gidaje nawa yau.

Allah gafarta Malam, ko a makarantar allo mun san irin wannan rabo. Izu 60 ne, kowane izu nusufi 2, kowane nusufi rubu'i 2, kowane rubu'i sumuni 2, duka sumuni 480. Yaron da aka ce ya haddace izu sittin zai tsorata, amma in aka rubuta masa sumuni ɗaya a allo zai wanke. Ku riƙe wannan, zan dawo kansa in mun zo maganar kuɗi.

SUNAN DA TURAWA SUKA BA SHI

Masana lissafi na Turai sun daɗe suna aiki da miƙaƙƙen layi da da'ira da murabba'i, irin waɗanda muka koya wa yara a allon lakwal. Amma gajimare da dutse da itace ba su shiga wannan ma'auni. Wani masani mai suna Benoit Mandelbrot, wanda aka haifa a Folan a 1924, ya girma a Faransa, ya yi aiki a kamfanin IBM a Amurka, shi ya tattara irin waɗannan siffofi ya ba su suna a shekarar 1975. Ya kira su firaktal, daga wata kalmar Latin mai nufin abin da aka kakkarya. Ma'anarsa a taƙaice, siffar da in ka ɗebi yankinta ka duba, sai ka ga yankin ya yi kama da uwar. Ni a bakinmu zan kira shi zubin reshe.

Bayan haka wani Ba'amurke, Ron Eglash, ya duba hotunan garuruwan Afirka da aka ɗauka daga jirgin sama, ya ga wannan zubi a cikinsu, ya zo ya zaga ƙasashe yana tambayar mutane, ya fitar da littafi a kan haka a 1999. Cikin misalan da ya kawo akwai Logon Birni, garin Kotoko a arewacin Kamaru. Fadar sarkin garin katanga ce a cikin katanga a cikin katanga, duka zubi ɗaya, suna ƙanƙancewa, kuma duk ƙofar da mutum ya wuce sai ya ƙara ladabi.

Da na karanta wannan sai na yi dariya, na ce ai gidan Maigarinmu ke nan. Birni yana da ganuwa da ƙofa da dandali. Unguwa tana da nata bakin shiga da nata fili. Gida yana da katanga da zaure da tsakar gida. Ka wuce zaure ka tarad da shigifa, ka wuce shigifa ka tarad da sassa, kowane sashe da ɗan dangarsa da ɗan filinsa. Baƙo yana tsayawa a zaure, ɗan'uwa yana wucewa, kuma kowace ƙofa da irin sallamarta. Ba wanda ya zana wannan a takarda. Ɗa ya yi aure, aka yanka masa wuri, ya yi irin na ubansa a ƙanƙance.

Alhazanmu ƴan kasuwa da ke zuwa Istambul sun ga masallacin Sultan Ahmad, wanda aka fara ginawa a 1609. Babbar ƙubba ce a tsakiya, rabin ƙubba huɗu suna tallafe da ita, kowace kuma ƙanana suna tallafe da ita. Zubin reshe ne aka yi da dutse.

MAGINANMU SUN RIGA SUN SAN SHI

Yanzu bari in faɗi abin da na gani da idona a bayan mahaifina, Allah ya jiƙansa.

Matsalar maginin ƙasa guda ɗaya ce: rufi. Azara, wadda ake tsagawa daga giginya, gara ba ta cinta da sauƙi, amma in tazarar da ke tsakanin bango da bango ta wuce kamar mita 2, nauyin ƙasar rufi sai ya lanƙwasa ta. To yaya za a rufe soro mai faɗin mita 4 ko 6 da itacen da bai iya ɗaukar fiye da mita 2 ba?

Ga yadda suke yi. Magini ya fito da ƙafa daga jikin bango, ya jera azara a kan azara, kowace ta ɗan leƙo gaban ta ƙarƙashinta, yana ɗaurewa da igiya yana lulluɓewa da ƙasa, yana bari ta bushe kafin ya ƙara. Wata ƙafar ta taso daga ɗaya bangon, su haɗu a sama. Wannan shi ne bakan gizo. Ɗakin ya rabu biyu ke nan. Ya sake tayar da wani bakan ya gicciye na fari, ɗakin ya rabu huɗu. Wannan shi ne ɗaurin guga, don ya yi kama da sandunan da ake gicciyewa a bakin guga. In ramukan da suka rage har yanzu sun yi wa azara faɗi, sai ya ƙara rabawa. Sa'an nan a kowane rami ya gitta azara a kusurwa huɗu, sai ƙaramin rami ya fito a cikin babba, ya sake gittawa a kusurwoyin wannan, wani ƙarami ya fito, har bakin ya rufe. Daga nan sai zana, sai ƙasa. Daga waje kuma ka ga tulluwa ta yi tozo, ruwa ba ya kwana a kanta.

Kun ga aiki ɗaya ne yake ta maimaitawa: raba babba ya zama ƙanana, raba ƙanana su zama ƴan ƙanana, har abin ya zo daidai da tsawon itacen da ke hannunka. Mahaifina bai taɓa jin sunan Mandelbrot ba. Talaucin itace ne ya koya wa kakanninsa wannan dabara.

Wanda ya kai wannan sana'a ƙarshenta shi ne Babban Gwani Malam Mika'ilu, wanda ya gina masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wajen shekarun 1830. Na shiga shi ina saurayi. Ka tsaya gindin ginshiƙi ka ɗaga kai, sai ka ga bakuna suna fita daga jikinsa suna rabuwa suna haɗuwa da na maƙwabcinsa, kamar kana tsaye a cikin kurmi. A waje rana tana dukan mutane, a ciki kuwa sanyi kamar bakin randa.

MASALLACIN DA NAKE GANI

To, jama'a, ku ba ni aron hankalinku in zagaya da ku cikin wani masallaci da babu shi tukuna sai a cikin kaina da cikin wannan takarda.

Asalinsa ɗaki ɗaya ne, mita 4 tsawo, mita 4 faɗi, ban da kaurin bango, da ɗaurin guga da tulluwa ɗaya a kansa. Yana cin sahu 3, kowane sahu mutum 6, watau mutum 18. Wannan ɗaki shi ne sumuninmu.

Ɗaki 4 in sun haɗu, biyu gaba biyu baya, ba bango a tsakaninsu sai ginshiƙi ɗaya a tsakiya, sun zama sashe. Sashe yana cin mutum 72. Sashe 4 in sun haɗu, biyu gaba biyu baya, da babban ginshiƙi a tsakiyarsu, sun zama masallaci mai ɗaki 16, mai cin mutum 288, kowane gefe wajen mita 20. In jikokinmu sun yi yawa, su yi irinsa 4 su haɗa, ɗaki 64, mutum 1,152. Ba sai sun rushe abin da muka gina ba, kuma ba sai sun nemo sabon zane ba, don ƙa'idar tana jikin ginin, duk magini ya duba zai karanta.

Ka shigo daga ƙofar yamma. Ƙasa shimfiɗe take, ba tudu ba kwari, sahu miƙe daga kudu zuwa arewa, an ja shi yadda ginshiƙi ba zai yanke shi ba. Alƙibla tana gabanka, gabas da ɗan karkata zuwa arewa. Bangon alƙibla fari fat, ba zane ba rubutu, don na san Malam Liman zai ce kada a sa abin da zai ɗauke hankalin mai sallah, kuma gaskiyarsa. Duk ƙawar tana bisa kai. Ginshiƙai 9 ne a tsaye a fili. Na tsakiya shi ne uwa, ya fi kowane kauri. Daga kowane ginshiƙi baka 4 sun fita, kowane ya haifi ƙananan bakuna, su kuma suka riƙe azara, azara ta riƙe zana. Ba a ɗora kome don ado ba, abin da ke ɗauke da rufin shi ne adon.

Tagogi suna can sama kusa da rufi, babba ɗaya da ƙanana a gefenta, don iska mai zafi sama take hawa, ta sami hanyar fita. A kan rufi kuma sai mu juya zubin, mu bi koyarwar korama: ruwan kowace tulluwa ya gangara ƙaramar hanya, ƙananan hanyoyi su faɗa babba, babba ta kai shi indararo mai tsawo wanda zai zubar da shi nesa da gindin bango.

A haraba a shuka dogon yaro, nesa da bango saboda saiwa. Wani zai ce me ya hana gawo, tunda shi muka kwaikwaya, ga shi kuma da rani yake ganye lokacin da ake neman inuwa? Amsa ita ce ƙaya. Ba a cire takalmi a gindin gawo.

Sashe ɗaya na baya, da ƙofarsa daban, na iyayenmu mata ne. Sa'an nan masallatan unguwa na salloli biyar, duk wanda ya tashi gyara, a yi shi da zubin ɗaki ɗaya ko sashe ɗaya. Baƙo in ya sauka a kowace unguwa ya ga ƙaramin, ya san kamannin babban.

AMFANINSA GA ALJIHUNMU

Ginin kalanda sai an gama shi duka ake shiga. Kun bi hanyar Ɓaɓura da ta Maigatari, kun ga masallatai nawa suka tsaya a bakin taga shekara da shekaru, ƙarafa sun yi tsatsa, awaki na kwana a ciki. Masu su ba mugunta suka yi ba, sun ɗauko izu sittin ne a rana ɗaya.

Wannan kuwa, in mun gama sashe ɗaya a jikin bangon alƙibla, ranar nan za a yi sallah a ciki. Baɗi in damana ta yi kyau mu ƙara na biyu a gefensa, sahun gaba ya ƙara tsawo. In shekara ta zo da wuya mu dakata, ba abin da ya lalace. Kuma rabon aiki ya zo da sauƙi: ƴan Legas ku ɗauki ɗaki, ƴan Kano ɗaki, ƴan Agadas ɗaki, mahauta ɗaki, matan gari ɗaki. Wanda ba shi da kuɗi yana da jaki, ko hannu, ko tulu. Da yayyafi kogi kan cika.

Kada a ce mafarkin malamin lakwal ne. A Yama, wani ƙauye a jihar Tawa, jama'a suka sa wani magini manomi ɗan garin, Alhaji Falke Barmu, ya gina musu masallacin Juma'a na ƙasa a 1962. Da fari ɗaki ne mai ginshiƙai ba wani ado. Kowa ya kawo abin da zai iya, wasu tubali, wasu ruwa, wasu itace. A 1975 da aka tashi gyara, ya sake rufin da bakuna ya ɗora ƙubba a tsakiya. Daga 1978 zuwa 1982 ya ƙara hasumiya 4 a kusurwoyi, kowace da kamanninta. Shekara 20 ke nan ana gini ana sallah a ciki. A 1986 aka ba masallacin nan kyautar Aga Khan, wadda ake ba fitattun gine-gine na duniyar Musulmi. Hausawa ne irinmu, manoma gero irinmu.

Kuma malamai sun karantar da mu cewa masallacin Manzon Allah a Madina da tubalin ƙasa aka fara shi, ginshiƙansa kututturen dabino, rufinsa ganyen dabino. Da jama'a ta ƙaru Sayyadina Umar ya faɗaɗa, bayansa Sayyadina Usman ya faɗaɗa. Fara ƙarami a ƙara a hankali ba abin kunya ba ne.

MAGANAR ZARIYA DA DAMAGARAM

Yanzu ga maganar da na yi alkawari. Ran Juma'a 11 ga Agusta 2023, ana sallar La'asar, wani sashe na masallacin nan na Zariya da na yaba ya rufto a kan masu sallah, aƙalla mutum 7 suka rasu, Allah ya jiƙansu. Sarkin Zazzau da kansa ya ce an ga tsaga a bango kwana ɗaya kafin abin ya faru. Ran 3 ga Satumba 2024, bayan ruwa mai yawa, tsohon masallacin Birnin Damagaram, wanda ya tsaya tun ƙarni na 19, ya rushe. Duk wanda ya ce a yi siminti saboda wannan, ran mutane yake tunani, kuma ba ni da abin da zan ce masa sai madalla.

Abin da na ɗauka daga ciki shi ne wannan. Gine-ginen nan biyu sun haura shekara 150 a tsaye. Ginin ƙasa yana daɗewa muddin ana duba shi, ana yaɓe, ana gyara indararo, kuma in an ga tsaga a fitar da mutane a ranar, ba gobe ba. Ruwan sama na shekarun nan ya fi wanda muka saba gani a shekarun fari, wani lokaci na wata guda ya sauka a dare ɗaya. In mun san ba za mu iya fitowa gayya kowace shekara ba, to kada mu yaudari kanmu, gara kwanon da zafinsa. A Jenne ta ƙasar Mali, babban masallacinsu na ƙasa yana tsaye tun 1907 saboda kowace shekara gari duka ke fitowa yaɓe a rana ɗaya. Mu kuwa samarinmu suna Legas lokacin da ya kamata a yi yaɓe. Wannan ita ce matsalar gaskiya, kuma ku ƴan ci-rani ku ne za ku amsa ta.

Akwai kuma tsaka-tsaki. A Dandaji, can jihar Tawa, wata ƴar ƙasarmu mai zanen gine-gine, Mariam Issoufou Kamara, tare da abokiyar aikinta Yasaman Esmaili, sun mai da tsohon masallacin ƙasa ɗakin karatu, suka gina sabo babba a gefensa da tubalin jar ƙasa wanda ake matsewa da inji, aka gama a 2018. Irin wannan tubali ya fi na hannu jure ruwa, kuma bai ɗaukar zafi kamar bulo da kwano. Maganar ƙarancin azara ma tana da magani, don tun 1980 aka fara koya wa magina a ƙasar nan rufin ƙubba da tubali zalla, ba itace ko ɗaya. Zubin da na kawo bai damu da ko azara ce ko tubali ba. Shawarata ita ce dutse da siminti a harsashi har zuwa gwiwa, siminti ko laso a hanyoyin ruwa na kan rufi, ƙasa a jiki. Kuma tunda ɗakunan ƙanana ne, kowane da rufinsa, in ɗaya ya nuna alama ana iya rufe shi a gyara, ana sallah a sauran.

ABIN DA NAKE ROƘO

1. Kada a sayi ko buhu ɗaya na siminti sai an tsai da zubin gini.

2. A tura mutum uku, dattijo ɗaya, magini ɗaya, saurayi ɗaya, su je Yama da Dandaji su gani da idonsu, su tambayi mutanen wurin wahalar abin da daɗinsa. Gani ya kori ji.

3. A kira tsofaffin maginanmu da suka rage, waɗanda suka iya bakan gizo, a haɗa su da injiniya ya duba ƙasar wurin da lissafin nauyi. Lissafina na allo ne, su za su gyara shi. A ba kowane tsoho samari biyu su bi shi, don in suka tafi da abin da ke kansu ba mu da inda za mu saye shi.

4. Bayan girbi a gina ɗaki ɗaya tak na gwaji a unguwar da masallacinta ya fi lalacewa. Ya ci damana ɗaya da bazara ɗaya. Masu son siminti su shiga su yi Azahar a ciki a watan Afrilu, masu son ƙasa su hau rufinsa su duba a watan Agusta, sa'an nan mu sake zama.

5. Ko wane irin gini aka zaɓa, a rubuta a littafin ƙungiya wanda ke da alhakin duba shi kowace shekara kafin ruwa ya sauka, da sunansa da sunan mataimakinsa.

Ranka ya daɗe, iyakar abin da ke bakina ke nan. Reshen nan zan bar shi a zauren Maigari tare da takardar zanen, duk mai so ya je ya duba. Wanda na saɓa wa a cikin magana ya yafe mini. Allah ya ba mu damana mai albarka, ya kai ƴan ci-rani lafiya ya dawo da su lafiya, ya jiƙan magabatanmu, ya sa mu ga ranar da za a kira sallah a sabon masallaci. Amin.

Wassalamu alaikum wa rahmatullahi.

(Kwamiti ya karɓi shawara ta 1 da ta 5 nan take. Sauran ukun an bar su sai an ji ta bakin ƴan'uwa na nesa. Kowane rukuni na ƴan ci-rani ya zauna ya tattauna, ya aiko da amsarsa ga magatakarda kafin Babbar Sallah.)